Ranar Da Aka Tsare Masu Haƙa Kabari

Akwai kalmar da na daina furtawa tun zamanin mulkin soja na tsakiyar shekarun tamanin, kuma har yau idan ta fito daga bakin mai karanta labarai nakan ji raina ya ɓaci. Kalmar ita ce jami'i.

Ba mu tashi da ita ba. A ƙuruciyarmu akwai alƙali, akwai hakimi da mai unguwa, akwai duba-gari da malamin asibiti da ɗan doka. Kowanne sunansa yana gaya maka aikinsa, kuma ka san ƙofar gidansa. Idan an haɗa su sai a ce ma'aikata, wato mutanen da aka ɗora wa aiki, waɗanda za a tambaye su ko sun yi shi. Abin da muka karanta a gaban malamanmu ma haka yake: ba a maganar muƙami sai an ambaci wanda ya riƙe shi, da sharuɗɗan da aka gindaya masa, da ranar da zai tsaya shi kaɗai ya yi bayani. Sai ga wannan kalma ta shigo mana ta rediyo, tana da kamar Larabci, mutane suka karɓe ta da murna. Jami'an tsaro, jami'an lafiya, manyan jami'ai. Da farko ban ga aibinta ba. Sai daga baya na lura cewa duk inda aka sa ta, mutum yakan ɓace. A ce jami'ai sun rushe rumfa, jami'ai sun kwashe kaya, ka tambaya su wane ne, a dube ka kamar ka yi tambayar wauta.

A lokacin ina zaune a Unguwar Sanusi, ina limancin masallacin layinmu, ina kuma karantar da magidanta bayan magariba. Maƙwabcina tela ne, mafi yawan aikinsa ɗinkin kakin ma'aikatan masaƙun Kakuri. Ban taɓa zama da mutum mai kula da tsabtar jikinsa kamarsa ba. Ba ya shiga sahu sai ya yi asuwaki, kuma ba ya rabuwa da 'yar kwalbar turare a aljihun gaba. Ba don alfahari yake yi ba. Yakan ce ba ya son wani bawan Allah ya shagala da shi a cikin salla.

Wannan mutumin ne Allah ya jarraba da ciwon da ya kumbura masa ciki, ƙafafunsa suka riƙa tsattsafar da ruwa. Da abin ya yi nisa ya hana mutane shiga ɗakinsa, sai ni da matarsa da ƙanensa. Wata rana da la'asar ya kama hannuna ya yi mini wasiyya. Ya ce ya san abin da irin wannan ciwo yake yi wa gawa idan ta jima. Ya roƙe ni in yi masa wanka da kaina, kuma kada a jira kowa, ko ɗan'uwa ko aboki. Ya nuna mini likkafanin da ya ɗinka wa kansa tun yana iya taka keke.

"Malam," ya ce, "mutanen nan ba su taɓa kawar da fuska daga gare ni ba ina raye. Kada ka bari su kawar da ita ina kan makara."

Na yi masa alkawari, ina ganin abu ne mai sauƙi. Gaggauta binne mamaci ai shi ne abin da shari'a ta umarta, kuma shi ne al'adarmu.

Ya rasu bayan sallar asuba, ranar wata Asabar ta ƙarshen wata, a tsakiyar bazara. A wannan zamani hukuma ta keɓe irin wannan Asabar don tsabtace gari: ba fita, ba mota, ba kasuwa, kowa ya share ƙofar gidansa har hantsi ya ɗaga a busa usur. Mun san dokar, muna kuma bin ta, ni da kaina na sha yin huɗuba a kan tsabta. Amma bai zo wa ɗayanmu a rai ba cewa ta shafi mamaci. Na tura ƙanensa da wasu magidanta uku na masallaci su je maƙabarta, can bayan Unguwar Mu'azu, su fara haƙa. Suka ɗauki diga da shebur da kwanon kwasar ƙasa, kayan da jama'ar masallaci suka saya tun da daɗewa, ake ajiye su bayan makara, ba a taɓa su sai don kabari. Ni kuma na shiga na yi masa wanka, matarsa tana miƙo ruwa daga bayan labule. Na sa masa likkafaninsa, na shafa masa turarensa. Muka zauna jiran a zo a ce an gama.

Wanda ya zo ba daga cikinsu ba ne. Wani bakanike ne ɗan ƙabilar Ibo, Kirista, mai gareji a bakin babban titi, wanda marigayin yakan yi wa facin kayan aiki. Ya tsaya a ƙofar zaure yana haki, tsintsiya a hannunsa, ya yi gaisuwar mutuwa da irin Hausarsa, sannan ya ce in taso, mutanena suna cikin lambatu.

Na je na gan su da idona. Magidanta huɗu, cikinsu har da wanda ya rasa yayansa da safen nan, sun naɗe wanduna, sun nutse har gwiwa a cikin baƙin taɓo mai ɗoyi, suna kwasar shara da shebur ɗin kabari. A kansu wani mutum yana tsaye da jan ƙyalle ɗaure a damtse da 'yar sanda a hannu. Gefe guda, a inuwar dalbejiya, wani soja yana zaune a kan benci da bulala a cinyarsa.

Mai jan ƙyallen ba baƙo ba ne. Ɗan unguwarmu ne, magidanci, ma'aikacin ƙaramar hukuma, yana salla a bayana. Marigayin ne ya ɗinka masa rigar aurensa. Abin da ya faru shi ne ya hango mutane suna tafe da diga da shebur a ranar shara, sai ya yanke cewa duk mai riƙe da shebur a wannan rana aikinsa ɗaya ne. Sun gaya masa inda za su. Ya ce kowa haka yake cewa, ko da safen nan wani ya yi masa ƙaryar rasuwa, ashe tumatir zai kai kasuwa.

Kullum idan mun haɗu yakan rusuna ya gaishe ni. Ran nan bai rusuna ba. Na ce masa ai ya san waɗannan mutane, ya san wanda ya rasu, ya kuma san ba na ƙarya. Na gaya masa gawa tana kwance a ɗaki mai rufin kwano, rana tana ɗagawa.

"Allah ya gafarta Malam," ya ce, "Allah ya ji ƙansa. Amma yau ba ni ne ba. Yau jami'i ne a gabanka."

Na tambaye shi wa ya ba shi umarnin tsare masu haƙa kabari. Ya ce umarnin daga sama yake. Na ce wane ne a saman, in je in same shi. Ya ce manyan jami'ai. Na ce ina suke. Ya ce suna gidajensu, ai yau ba a fita. Na juya wurin sojan, wanda Hausarsa ba ta da yawa. Ya saurare ni da ladabi, ya ma tashi tsaye, sannan ya nuna mai jan ƙyalle da bulalarsa ya ce, Baba, shi ne jami'i, ni gadi aka ce in yi. Na koma wurin na farko, ya ɗaga kafaɗa ya nuna mini sojan da ido. Na tsaya a tsakanin mutum biyu masu rai da hankali, kowannensu yana da iko ya ce a tafi, amma babu wanda na samu da zan yi wa magana.

Bakanikan nan ya sa baki. Ya ce shi da abokan aikinsa za su shiga lambatun su ƙarasa, a saki waɗannan. Mai jan ƙyalle ya ce doka ba ta san musanya ba, wanda aka kama shi zai yi.

"To, oga," in ji bakanike, "ranar da kai ka mutu, mu fara duba kalanda ke nan? In Asabar ce mu ce ka dakata?"

Wasu da ke shara a ƙofar shagunansu suka yi dariya. Dariyar ta ƙara wa mai jan ƙyalle taurin kai. Na sunkuya na ɗauki digar da ke yashe a bakin lambatun, da nufin in tafi in fara haƙa ko ni kaɗai. Sai ya ce idan na tafi da ita zai kai rahoto cewa na ƙwace kayan aikin hukuma. Digar masallacinmu, wadda shi ma ya san inda ake jingine ta, ita ce ta zama kayan hukuma don kawai ya ɗora mata ido yana sanye da jan ƙyalle. Ƙanen marigayin ya ɗago daga cikin taɓo ya roƙe ni in ajiye, yana kallon bulalar sojan. Ya ce ba ya son a binne yayansa shi yana tsare. Na ajiye.

Ba a sake su ba sai da aka busa usur. Kafin su taɓa ƙasar kabari dole suka koma gida suka wanke najasar da ke jikinsu da kayan aikin. Wanda ya san ƙasar wannan maƙabarta a bazara ya san marmara ce, diga tana tsalle a kanta. Aikin da za a gama da sanyin safiya sai ga shi ana yin sa rana tsaka, mutane suna karɓa-karɓa suna faɗuwa a inuwa.

Ni kuwa ina zaune a ƙofar ɗakin. Babu wutar lantarki, rufin kwano ya ɗauki zafi kamar tanda. Matarsa ta kunna turaren wuta, ta ƙara, ta sake ƙarawa, tana yi masa fifita da mafici kamar mai barci. Lokaci zuwa lokaci takan tambaye ni daga bayan labule ko an gama, in ce saura kaɗan. Da azahar ta wuce ta daina tambaya. Ni da ita mun san abin da ya fara fin ƙarfin turaren.

Sai gab da la'asar muka fito da shi. Likkafanin da ya ɗinka da hannunsa ya jiƙe daga ƙasa, na rufa masa bargo a kai duk da zafin. Da na tsaya zan yi kabbara na ji motsi a bayana, irin motsin mutanen da suke ja da baya a hankali don kada a lura. Bayan sallama na juya na ga dattawa sun ja gefen rawani sun rufe hanci, matasa sun sa hannun riga. Ba na zarginsu, jiki ne. Masu ɗaukar makara suka riƙa sauri suna kawar da fuska gefe. A sahun baya na hango mai jan ƙyalle. Ya kwance ƙyallen, ya yi wanka, ya sa farar jamfa, yana ɗaga hannu yana addu'a tare da mutane.

Washegari ya zo zaman makoki. Ya cire takalmi, ya rusuna har ƙasa ya gaishe ni kamar yadda ya saba, ya yi addu'a mai tsawo. Ana cikin zama wani baƙo daga Mahuta, wanda bai san kowa ba, ya ce ya ji labarin abin da aka yi wa masu haƙa, wannan wane irin zalunci ne. Sai na ji muryar mutumin nan yana amsawa cikin jimami, yana girgiza kai.

"Wallahi jami'ai ba su kyauta ba. Sai dai haƙuri."

Na dube shi da kyau don in ga ko ba'a yake yi. Ba ba'a yake yi ba. Ya gaskata abin da ya faɗa. A wurinsa wani ne daban ya tsaya a bakin lambatu jiya, wani mai suna jami'i, wanda ya tafi tare da jan ƙyalle, shi kuwa maƙwabci ne da ya zo ta'aziyya. Wannan ne ya fi ƙona mini rai fiye da abin da ya yi. Azzalumin da ya san ya yi zalunci ana sa ran tubarsa. Wannan kuwa an ba shi kalmar da zai rataye laifinsa a jikinta ya tafi gida ya yi barci.

Na kira shi da sunansa da sunan mahaifinsa, a gaban jama'a, ban ɗaga murya ba. Na ce masa babu wani jami'i da za a tayar ranar hisabi, da wannan sunan za a kira shi. Na ce ba ni zai nema wa afuwa ba, mai haƙƙin yana ƙarƙashin ƙasa, matarsa kuma tana cikin gida. Ya buɗe baki ya fara cewa ai umarni, sai ya dubi fuskokin mutane. Ya tashi ya nemi takalminsa. Bai shiga wurin matar ba, ba a ranar ba, ba daga baya ba. Ya koma yin salla a wani masallaci.

Da yamma, bayan mutane sun watse, na tsaya a bakin labule don in yi wa matar marigayin sallama. Sai ta tambaye ni, da muryar da ta dushe, ko mutane sun ji warin a wurin jana'iza.

Na so in ce mata a'a. Na ce, "Sun ji, baiwar Allah. Ban cika masa alkawari ba."

Sai ta ce matan unguwa suna ta gaya mata wai jami'ai ne suka tsare masu haƙa, ita kuwa ba ta san wasu mutane masu wannan suna ba. Ta ce in gaya mata wane ne.

Na gaya mata sunansa.