Ɗigon Kwalli a Gilashin Hoto

Mu a unguwar Morrisania, can ƙasar waje, ba mu da murhu, sai ƙarfen ɗumama ɗaki da ke tari kamar tsohuwar akuya. A gefensa Kaka, mahaifiyar Babanmu, take shimfiɗa buzunta bayan magariba. An kawo ta daga ƙauyenmu na wajen Maraɗi don a duba mata gwiwa, wai wata uku. Ta shekara huɗu.

A bangon kicin akwai wani hoto da masu gidan na da suka bari: mace sanye da riga ruwan hoda, ta juya mana baya, tana zube cikin busasshiyar ciyawa, tana hangen wani gida can a kan tudu. Daga baya na riƙa ganinsa ko'ina, a jikin kofin shayi, a kalanda, a rigunan da ake sayarwa a 125th Street. Kaka ba ta san sananne ba ne. Ita dai ta raɗa wa matar suna Tabawa.

Ba ta buɗe tatsuniya yadda kowa ke buɗewa. Sai ta ƙwanƙwasa gilashin hoton, ta dube ni ta ce, "To ƙawalli, yau ina ta kai?"

Labarin ɗaya ne kullum. Tabawa ta je ganin ɗanta a nesa, ƙafa ta ƙi, ta kamo hanyar gida da jan ciki. Yau kura ta tare ta, gobe gizo ya ce zai goya ta amma sai ya gama shara. Idan ta ɗan matsa, Kaka ta ɗiga kwalli a gilashin, daidai inda ta kwana. Ni kuwa ban iya zama wuri ɗaya ba, ina ta mutsu-mutsu, ina amsa mata da Turanci, ina cewa ta ƙarasa mana. Ba ta taɓa cewa ƙurunƙus ba, ko sau ɗaya.

Baba kan shigo cin tuwo kafin ya koma tuƙin tasi. Kaka ta tambaye shi maganar tafiya gida, ya ce bayan Sallah in sha Allahu. Duk ranar da ya faɗi haka, sai ta lashi yatsa ta goge ɗigon gaba ɗaya, Tabawa ta koma farko. Haushi nake ji wallahi, na ɗauka rowar labari ce.

Da makaranta ta kai mu gidan zane-zane a Manhattan na ga ainihin hoton, malamarmu ta ce matar gurguwa ce da gaske, kuma gidan nasu ne. Na dawo da gudu na faɗa wa Kaka. Tambaya ɗaya ta yi:

"An ce ta isa?"

Ban tambaya ba. Ranar ba a yi tatsuniya ba.

Lokacin da Baba ya sayi tikitin, likita ya riga ya hana ta hawa jirgi. A New Jersey aka binne ta. Ɗigon ƙarshe yana nan, tsakaninsa da ƙofar gidan bai kai faɗin yatsa biyu ba, kuma na hana kowa goge gilashin.

Yanzu hoton yana ɗakina, Baba ya ajiye tuƙi, gwiwarsa ta fara irin tata. Makon jiya ya ce mini yana son ya koma gida. Ina sauri zan fita aiki, ina neman makulli, sai na ji bakina ya ce, "Baba, bari dai bayan Sallah."

Ya ɗaga kai ya dubi bangon da hoton yake.