Dangwalen Yatsa a Takardar Gidanmu

Mu huɗu ne a cikin maganar. Akwai mahaifina, malamin da ya gaji gidanmu na Gumel. Da ƙanensa uwa ɗaya uba ɗaya, wanda muke kira Baffa, dillalin shanu a kasuwar Maigatari. Da yayarsu, Gwaggo, mai aure a Gagarawa. Sai ni, babban ɗa, da ban daɗe da gama jami'a ba.

A shekarar da soja suka fito da sabuwar dokar filaye, Baffa ya ce a ba shi takardar mallakar gidan ya kai Kano a sabunta. Baba ya zaro ta daga gafaka ya miƙa masa. Bai sake waiwayarta ba, domin a gidanmu tambayar ɗan'uwa abin da aka ba shi amana tamkar zarginsa ne.

Damina biyu ta wuce, sai ga wasiƙar banki: an jinginar da gidan a kan rancen sayen babbar mota, ba a biya ba, za a yi gwanjonsa bayan kwana talatin. Ni na karanta, na fassara.

Baba ya ce, "Sake karantawa. Wataƙila Turancin ne ya fi ƙarfinka."

Tun daga ranar ban ƙara zama wuri ɗaya ba. Na kai ƙara wurin alƙalin Gumel, ya ce wannan ba hurumin kotunsa ba ne. Na tafi Kano sau uku kafin lauyan da na samu ya karɓo kwafin takardar jinginar. A gurbin sa hannun Baba, dangwalen yatsa na gani. Baba kuwa bai taɓa dangwala yatsa ba. Ko rasiɗin haraji da ajami yake sa wa hannu. A gurbin shaida, ga sunan Baffa.

Lauyan ya ce, "Malam, shari'arku mai sauƙi ce. Mu roƙi babbar kotu ta dakatar da gwanjon, sannan ta soke jinginar, tunda mai gida bai sa hannu ba. Sharaɗi ɗaya ne: tsohon ya rantse a rubuce cewa yatsan ba nasa ba ne. Daga nan 'yan sanda za su nemi mai yatsan."

Ranar Alhamis na iske Baffa a karar shanu ta kasuwar Maigatari. Ya rame ƙwarai. Ya ce, "Ɗan boko, kama ni aka aiko ka?"

Na durƙusa na gaishe shi, sannan na ce, "Baffa, yatsan wa ne?"

"Nawa ne. Da nawa da nasa ai uwa ɗaya ta haife su." Ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba. "Motar ce ta kife, ɗana. Da ba ta kife ba, da ba wanda zai ji."

Na koma Gumel da takardar rantsuwa, saura kwana tara. Na tarar da Gwaggo ta iso, ko mayafi ba ta cire ba.

Baba ya ce, "Idan na rantse, ina za su kai shi?"

"Mai yiwuwa gidan yari, Baba."

Gwaggo ta ce, "To, su kai shi mana, ya huta da ƙarya. Ku kuma sai ku kwana a gindin bishiya saboda kunya?"

"Yaya, ke za ki iya tsayawa gaban alƙali ki nuna shi?"

Ta shiga murza ɗan kunnenta.

Na kawo hujja ta doka, na kawo ta addini, na ce hakkin ƙannena ne. Baba ya saurare ni har na gama, ya naɗe takardar, ya mayar mini ba sa hannu.

"Gaskiyarka ce duka. Je ka tambayi bankin nawa suke bi."

Kwana takwas muka yi muna sayar da abin da muka mallaka. Ana gobe gwanjo na biya, na karɓo takardar gidan. Baffa ya ji yadda aka yi, ya tsallaka Damagaram, bai ƙara taka Gumel ba har Baba ya rasu.

Ga abin da takardar gidan ta ci mana. Gonar Ɗanzomo, ɗaya. Shanun da ke kiwo a Sule Tankarkar, goma sha ɗaya. 'Yan kunnen zinaren Gwaggo, biyu. Ƙane, ɗaya.