Kwanson igwar Baba

Ko da zan manta sunan jikokina, ba zan manta ranar da aka kwashe layinmu kaf a Sabo saboda kayan mahaifina ba.

Mahaifina sojan igwa ne a zamanin Turawa. Wani Bature ya bi, tun Baturen yana ƙaramin hafsa mara gemu, ba ya jin ko “zo”, har suka je yaƙin Bama tare, suka dawo yana manjo, yana zagi da Hausa. Da zai koma ƙasarsu, ya ba Baba kwanson harsashin igwa na tagulla, tsawonsa ya kai kamu. Baba ya toshe bakinsa da katako, ya tura shi ƙarƙashin gado, ya ce duk wanda ya taɓa, babu ruwansa. Har ya rasu ba mu taɓa ba.

Shekaru suka shuɗe, na yi furfura. Rannan muka kira wani Bayarbe mai gyaran wuta. Yana jan gadon Baba ya ga kwanson, ya fita a guje yana cewa bam. Kafin azahar ’yan sanda sun zagaye gidan, sun ɗauko ɗana daga rumfar albasarsa a kasuwar Bodija, sun sa masa ankwa. Aka ce in abin na da rai, sai kurkuku.

Wani soja ya tambaye ni, “Mama, me ke ciki?”

Na ce, “Ɗana, wallahi ban sani ba. Hana mu aka yi.”

Aka kora mu can bakin masallaci. Ina tsaye ina salati, ina tuna jikokin da na kwantar a kan gadon nan. Muna hango sojan, ya durƙusa a ƙofar gida, ya zare katakon a hankali. Shiru. Sai atishawa, ɗaya bayan ɗaya, har hularsa ta faɗi.

Garin taba ne. Ashe tabar da Baba ya rantse wa Inna ya daina, nan yake ɓoye ta.

Aka kwance ɗana. Na zauna daɓas a ƙasa, ina dariya, hawaye na zuba.

Tun ranar, duk abin da na ajiye sai na kira yara na buɗe musu, na ce ga shi, ga labarinsa. Tsoho ya yi bayani tun yana da baki, kada ya bar wa na baya fargaba.