Wuƙaƙen Mijinyawa

Duk wanda ya taɓa sayen nama a unguwar Mursal ya san Mijinyawa, mahaucin nan mai wushirya, wanda ba ya sallamar tsohuwa sai ya ɗora mata 'yar hanta a kai. Fawa ya gada, ya kuma gaji wata ɗabi'a ta mahaifinsa: wuƙa ba ta kwana a kasuwa. Kullum da yamma sai ya wanke wuƙaƙensa, ya naɗe a fatar akuya, ya tafi da su gida.

Bawan Allah ne mai gudun fitina. Shekarar da bam ya tashi a gari, aka fara laluben mutane a ƙofar kasuwa, abokansa suna ta gunaguni, shi kuwa tun daga nesa yake ɗaga hannuwa. "Ku bari su duba," yakan ce. "Ni na ga gawarwakin da idona."

Ranar da matasa suka fito zanga-zanga, ya buɗe teburinsa kamar kullum. Da harbi ya matso, kowa ya watse. Har Mijinyawa ya kai bakin titi, sai ya juya ɗauko wuƙaƙensa.

"Kai, mahaukaci ne kai?" in ji Zubair mai kayan miya. "Bar su mana!"

"Baba ya taso daga kabari ya mare ni?" ya ce, yana dariya.

A shingen sojoji aka kwance fatar. Ya yi bayani da Larabcin da sojojin ke ji, tsoro ya sa ya koma Hausa: "Ranka ya daɗe, sansana ka ji, kitsen saniya ne." Ba wanda ya sansana. Aka jefa shi mota tare da sauran waɗanda aka kama.

Matarsa Zaliha ta bi komisariya, ofisoshin 'yan sanda, ɗaya bayan ɗaya da kwanon abinci. Ba wanda ya san da shi, ba a kuma kai shi gaban alƙali ba. Maƙwabta suka riƙa rage murya in ta wuce.

Bayan watanni wani da aka sako, Ummaru, ya yi sallama a gidan. Ya zauna a kan tabarma ya ba da labari. Arewa motar ta nufa da su, zuwa wani kurkuku cikin hamada, ba ruwa. Mijinyawa bai kai can ba, a hanya ya cika, aka sauke shi.

"A ina?" in ji Zaliha. "A nuna mini wurin."

"Yaya, ko'ina yashi ne."

Mahauta suka rufe tebura, aka yi masa salla ba gawa. Allah ya jiƙan ka, Mijinyawa.