Tumakin da Suka Ce Babu Makiyayi

A gidanmu na Bwari, bayan magariba Kaka kan jefa doya cikin garwashi, mu zagaye murhu. Mu biyu ta riƙa, ni da Habu, ɗan ƙanwar babana. Ni duk abin da ta faɗa na yarda. Habu kuwa sai ya ce, "Wa ya gani, Kaka?" Ta yi dariya ta ɓaro masa tsakiyar doyar, ni a miƙo min ƙonannen gefe.

Akwai tatsuniyar da ta fi maimaitawa. "Ga ta nan tafe, ku matso," in ji ta. Wani rago ya ce bai taɓa ganin makiyayi ba, sanda kawai yake ji, ya bar garke ya shiga daji. Can ya tarar da wasu irinsa. Suka haɗu, suna kiwo tare, suna kwana tare, suka kafa doka: duk wanda ya ambaci makiyayi a kore shi. Ran nan wata tunkiya ta ji sarewa daga nesa ta ɗaga kai, suka kore ta.

"To ai su ma garke ne!" in ji Habu.

"Kai dai kanka na ja, ɗan nema," Kaka ta ce tana shafa ƙeyarsa. A ranar, da kuka na kwanta.

Kaka ta rasu muna sakandare. Yanzu Habu ya daina salla, ya shiga cikin masu cewa babu Allah. Suna haɗuwa ran Asabar, suna da sunan da suke kiran junansu. Da mota ta buge shi a Apo na je asibiti na tarar sun cika ɗakin, wata na ba shi shayi a baki. "Wannan ɗan'uwana ne," ya ce. Suka gaishe ni kamar baƙo.

Daga baya ya faɗa min sun daina kula wani daga cikinsu don ya bi sallar gawar mahaifinsa. Na ji daɗi, ban ɓoye wa kaina ba.

Amma ni kullum cikin sahu nake, kafaɗa da kafaɗa, kuma da na yi jinya bara ba wanda ya leƙo. Ina yi wa Habu addu'ar shiriya. Sai dai wani lokacin nakan tsaya tsakiyar addu'ar, ban sani ba ko dawowarsa nake roƙo, ko dai so nake ya ɗanɗani kaɗaici irin nawa.