Kwalin harsashin da na bari a rana

Da safen nan, ko shayi ban sha ba, voice note ɗin Safiya ya shigo daga Jidda: mahaifinta, Yaya Haruna, ya rasu. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Tun ɗazu na kasa zama. In shiga ɗaki, in fito, in sake komawa. Akwai maganar da na riƙe sama da shekara hamsin, wanda ya kamata ya ji ta kuma ya tafi bai ji ba.

A shekarun saba'in muka yi aiki tare a wata gonar kaji bayan garin Jidda, ta hanyar Makka. Ni direba ne, shi maharbi. Bahaushen Sudan ne, dogo, ba shi da yawan magana. Karnukan jeji da yanyawa sun addabi gonar, sun kuma yi wayo, ba sa bari mutum ya matso. Sai kafilinmu, wato ubangidan da ya ɗauke mu aiki, ya samo izinin wata bindiga mai madubin hange, ya damƙa masa.

Ranar da na fara ganin harsashinta dariya na yi. Kansa bai kai ƙwayar wake ba. Amma kwanson cike yake maƙil da albarushi, gudunsa kuwa ba a magana. Kare yana can nesa, da ƙyar kake gane kare ne, kafin ka ƙifta ido ya kwanta.

Doka ɗaya ya kafa min. Ya ce, "Ya Idris, ƙaramin nan zafin rai gare shi. Kada rana ta gan shi. In ya ɗau zafi, ƙarfinsa sai ya fi ƙarfin kwansonsa." Ƙarƙashin kujerar mota kwalin yake zama, a lulluɓe da buhu.

Wata rana da bazara na fito da kwalin zan share mota, na ɗora shi a gaba jikin gilashi. Aka kira azahar, daga sallah na wuce cin abinci, na manta shaf. Da na dawo, ya yi zafi kamar murfin tukunya. Na yi maza na tura shi wurinsa, don Yaya Haruna na tafe.

Ko minti goma ba mu yi ba muka hango karnuka. Ni nake loda masa yayin da yake dubawa. Bai ko juyo ba ya ce, "Yana inuwa?"

Na ce, "Yana inuwa, Yaya."

Ya ja kunama, kwanson ya tsage a ciki, wuta ta dawo masa a fuska. Idon dama ya tafi, kunnen dama ma daga ranar bai sake ji ba.

A asibiti kafili ya tambayi abin da ya faru. Ya ce, "Bindiga ce ta gaji, halas, ƙaddara ce." Ina tsaye a bakin gado na yi tsit. Tsoro nake kada a ƙwace iƙamata, takardar izinin zama, a sa ni a jirgi.

Harbi ya ƙare masa. Ya koma gadin sito a tashar jiragen ruwa, mutumin da ake zuwa kallon saitinsa.

Da ya tsane ni ma da ya fi min sauƙi. Shi ya ba ni ɗaki a gidansa na unguwar Sa'alaba da na rasa wurin zama. Shi ya je nema min aure. Duk Juma'a sai ya ja ni Bab Makka cin waken ful da burodin tamis, yana tsokanata wai tuƙina kamar na mai ɗauke da ƙwai.

Bara na je Umra daga Kano, na ce wannan karon sai na faɗa. Na same shi a kan tabarma, ya tsufa ƙwarai. Ga wuri a hagunsa, amma ƙafata ta kai ni dama. Ina sane.

Na sunkuya na ce, "Yaya, ni na bar harsashin nan a rana. Ka yafe min."

Ya ga bakina na motsi. Ya yi murmushi ya ce, "Yalla, zagayo nan, ka san wancan ba ya aiki. Me ka ce?"

Na zagayo. Na dubi farin idon nan, na ce, "Cewa na yi shayinka zai huce."

Ganinmu na ƙarshe ke nan. Na dawo gida ina ruɗin kaina wai ai na faɗa.

Safiya, na yi ta kiranki ban samu ba. In post ɗin nan ya riga ni zuwa, ki karanta wa 'yan'uwanki. Kun tashi kuna ce min Ammu, wato Baffa, ga abin da Ammu ya yi wa mahaifinku.

Allah ya jiƙan Yaya Haruna, ya yalwata kabarinsa, ya tashe shi da idonsa da kunnensa lafiya lau. Don Allah duk wanda ya karanta ya sa shi a addu'a. In kun gama tasa, ku roƙa min Allah ya jiyar da shi abin da na ƙi faɗa ta kunnen hagu, ya kuma sa ya yafe min.