Na gayyaci surukina wasan lido

Jama'a, yau saura ƙiris in yi hijira daga Kazaure!

Kun san sabuwar tabilet ɗin nan tawa. Bayan azahar ina buga lido a ciki, sai ta ce in gayyato aboki. Na nufi sunan Bala abokina, ashe yatsana ya sauka kan na samansa. Baba na Ɓaɓura! Mahaifin Hajara matata! Mutumin da ko ruwa ban taɓa sha a gabansa ba.

Kuma da hannuna na rubuta, "Fito in koya maka hankali, rago kawai."

Innalillahi! Na nemi wurin gogewa, babu. Na nuna wa Hajara, ta dafe ƙirji ta ce, "Ka kashe mu!"

Har na sa hula zan tafi ban haƙuri, sai wayata ta yi ƙara. Shi ne! Wallahi ban san lokacin da na durƙusa a tsakar gida ba.

Na ce, "Allah ya ƙara girma, Baba, kuskure ne."

Ya ce, "Na san ba da ni kake ba. Amma na amsa gayyata. Ina rumfa, hatsin ma yau ba masu saye. Jefa mana, ni kake jira?"

Muka buga. Ya cinye ni tas! Sannan ya turo saƙo: "To, waye ragon?"

Alhamdulillahi! Ban taɓa shan kaye mai daɗin na yau ba.